Ina Kika Kai Teburinsa?

Tun ƙarfe tara na safiyar Asabar Sista take fama da mai littattafai, shi kuwa ko gezau. Mai littattafan nan ba mutum ba ne. Ɗan wani ƙauye ne a cikin wasan da ke kwamfutar hannunta, wasan da komai nasa tubali ne mai kusurwa huɗu: ƙasa tubali, itace tubali, har tumakin ma tubali. Ba wanda yake juya shi, na'ura ce take tafiyar da shi da sauran 'yan ƙauyen, masu dogon hanci da hannuwa naɗe a cikin riga kamar masu jin sanyi. Aikinsa ɗaya ne a duniya: ka kai masa takarda ya ba ka koren dutse, ka ba shi koren dutse ya ba ka abin da yake sayarwa. To yau kwana uku ke nan ya ƙi. Duk lokacin da ta taɓa shi sai allon cinikinsa ya buɗe da jan gicciye a kan kowane layi, shi kuma ya kalle ta ya ce, "Hmm."

Abin da ya fi ƙona mata rai, ta san wannan "Hmm" ɗin. Akwai irinsa a ɗakin da ke kusa da falo.

Mahaifinta ne a ɗakin. Shekara arba'in da uku Baba ya yi yana gyaran agogo a wani ɗan shago da ko mutum biyu ba sa iya juyawa a cikinsa, har ranar da ya zame a matakalar shagon ya karye a ƙugu. Mako bakwai ke nan. Aka yi aiki, aiki ya yi kyau. Ita kuwa nas ce a ɓangaren ƙashi, shi ya sa kowa yake ce mata Sista, har Yayanta da ya goya ta. Da aka sallami Baba ta ce babu inda za shi sai gidanta, hawa na uku, inda idonta zai kasance a kansa. Ta naɗe dardumar ɗakin don kada ta harɗe shi. Ta sa aka kafa ƙarfen dafawa a banɗaki, ta ɗaura wa gado shinge, ta tattara duk wata waya da ke ja a ƙasa. Ɗan akwatin kayan aikinsa da ya zo da shi a aljihun riga, mai cike da tsinin ƙarfe, ta ɗora shi can saman kabad. Har agogon bangon ɗakin ta sauke, wai ƙararsa tana hana majinyaci barci. In ana maganar kula da mara lafiya, babu wanda zai nuna mata yatsa.

Sai dai Baba ya daina magana. Da farko gajarta ta ya yi, daga baya ya koma "Hmm" da girgiza kai. Sannan abinci ya bi bayan magana. Ranar Alhamis likita ya duba shi ya ce ƙashi ya ɗinke sarai, mutumin ne yake zubewa, kuma in har zuwa Litinin bai fara ci ba, za a kwantar da shi a sa masa robar abinci ta hanci. Sista ta sa wa mutane robar nan ba adadi. Ta san kallon da suke yi wa mai sa musu, kuma ba ta jin za ta iya ɗaukar wannan kallon daga idon ubanta.

Wasan kuwa ɗiyar Yaya ce ta saka shi, wai Kaka ya riƙa ɗebe kewa. Kaka ya leƙa sau ɗaya ya ture. Amma kafin yarinyar ta koma makaranta ta faɗi wata magana da ta tsaya wa Sista a rai: akwai agogo a cikin wasan, na zinare, ba shi da hannu ko ɗaya, rana da wata ne kawai suke juyawa a fuskarsa. Mai littattafai ne yake sayar da shi, amma sai ka yi ta ciniki da shi har ya saba da kai sannan yake fito da shi. Baba kuwa tun tana yarinya ba ta taɓa ganin agogo ya wuce ta gabansa bai ce komai a kansa ba, ko na hannun baƙo ne sai ya kushe shi. Shi ne ta ƙulla a ranta za ta samo agogon nan, ta kai masa har gaban hanci, ta ce, "Baba, wannan kuma wane iri ne?" Ko tsaki ya yi, ta samu. In baki ya buɗe don tsaki, wataƙila ya buɗe don cokali.

Ta san shirme ne. Mace mai shekara arba'in, wadda take samo jijiya a hannun da kowa ya kasa, ta ɗora duk fatanta a kan hoton agogo. Amma ta gwada roƙo, ta gwada fushi, ta gwada maganin sa cin abinci iri biyu, shirmen ne kawai ya rage mata.

Ƙarfe tara da rabi ta kai masa shayi da burodi. Yana zaune a kujerar da ke bakin taga, hannuwansa biyu a kan cinya, ba abin da suke riƙe da shi.

"Baba, ko kurɓi biyu."

"Hmm."

"Na rage sukarin, yadda kake so."

Ya girgiza kai. Ta ajiye tiren a kusa da shi ta fito, ta zauna a falo, ta tashi, ta shiga kicin ta buɗe firji ba tare da ta san abin da take nema ba, ta dawo ta ɗauki kwamfutar. Ta kashe wasan ta kunna. Jan gicciye. Ta kashe kwamfutar gaba ɗaya, ta ƙirga goma kamar mai jiran allura ta ratsa, ta kunna. Jan gicciye. Ta je wurin maƙerin ƙauyen ko shi zai yi mutunci, shi ma haka. Ta je wurin mai saƙa, shi ma haka. Ƙauye guda ya haɗa baki a kanta.

Ta tura wa ɗiyar Yaya saƙo. Amsa ta zo bayan rabin awa: "Anti kin kashe kin kunna?"

"Sau shida."

"To ki sabunta shi. Ina shiga jarrabawa, sai anjima."

Ta sabunta. Sandar da ke nuna saura ta yi ta rarrafe, Sista tana zagaye falo da kwamfutar a sama kamar mai neman inda rufi yake yoyo. Ta wanke kofi ɗaya da ke cikin sinki, ta goge teburin da ta riga ta goge. Da aka gama ta buɗe da sauri. Mai littattafai ya kalle ta ta saman hancinsa ya ce, "Hmm."

"Kai dai an yi ɗan rainin wayo," in ji ta.

Wayarta ta yi ƙara, Yaya ne. Ta fita baranda ta ja ƙofa, ta rage murya, sai dai muryar Yaya ko a waya ba ta raguwa.

"Sista, ya jikin Baba? Ya ci wani abu?"

"Yaya, ko ruwan shayin bai taɓa ba."

Yaya ya yi ajiyar zuciya. "To. Maganar shagon nan, kin ba direban motar ɗaukar kayan makulli ko? Mai ginin yana son wurinsa gobe. Ƙananan kayan na kwashe su a kwali suna wurina. Teburin ne kawai ya rage, ƙarfe huɗu direba zai ɗauka ya kai wa kafinta. Ya ce katakon mai kyau ne, zai farfasa ya yi benci da shi."

"Na ba shi tun jiya."

"Kada ki gaya wa Baba tukuna."

"Wa zan gaya wa, Yaya? Mutumin da ba ya amsawa?"

Ta kashe wayar ta tsaya tana kallon titi. Wani mai babur yana rigima da mai motar haya, wata mata tana shanya a bene na gaba. Teburin bai dame ta ba, gaskiya. Tsohon tebur ne baƙi, mai nauyin tsiya, da aljihu tara da tabon ƙuna a gefe ɗaya. Ita da kanta ta ce wa Yaya a rabu da shi, domin hannun Baba rawa yake yi yanzu, kuma mutumin da aka yi wa aikin ƙugu ba zai koma zaman awa takwas a sunkuye ba. Maganar asibiti ce, ba ta son rai ba.

Ta koma ciki ta shiga wani dandali na 'yan wasan a intanet, inda kowa malami ne. Wani ya ce sai an bar su sun kwana sun tashi. Ta kwantar da 'yar wasanta, wadda take juyawa a madadinta, a gado, gari ya waye a cikin minti ɗaya, ba canji. Wani ya ce a kaɗa ƙararrawar tsakiyar ƙauye. Ta kaɗa har sai da ta ji kunyar maƙwabta. Wani ya ce yunwa suke ji, a jefa musu burodi. Ta jefa, suka tsince tsaf, suka ci gaba da kallonta. Wannan ma ya ƙara ɓata mata rai, domin su ko ba komai suna ci.

Azahar ta yi. Ta dafa shinkafa mai laushi da romon kaza, ta zuba a ƙaramin kwano don kada yawansa ya tsorata shi. Ta tarar da shayin safe ya yi sanyi, ya yi fata a sama. Ta durƙusa a gabansa da cokali.

"Baba, don Allah. Ka san abin da likita ya ce. Ni ba zan iya tsayawa a sa maka abin nan ba, wallahi ba zan iya ba."

Ya kalle ta, kallo mai laushi, ba na fushi ba. Da fushi ne ma da ta fi so. Sannan ya mayar da idonsa taga. Ta rufe kwanon da faranti ta fito da sauri, domin ba ta yarda majinyaci ya ga hawayenta, ko da ubanta ne.

A falo ta huce a kan mai littattafai. Garin danna shi da ƙarfi yatsanta ya zame, 'yar wasanta ta kai masa naushi. Kafin ta ankara wani ƙaton mutum-mutumin ƙarfe da yake gadin ƙauyen ya taho ya ɗaga ta ya yi sama da ita, takardun da ta kwana biyar tana tarawa suka watse a ƙasa. Ta bi tana tsincewa ɗaya bayan ɗaya, tana zagin mai gadin, tana zagin wanda ya ƙirƙiri wasan, tana zagin kanta. Sai kwamfutar ta nuna batir ya kusa mutuwa.

To soket ɗin falo yana bayan kabad, doguwar wayar da take kaiwa kujera kuwa ita ce da kanta ta naɗe ta ta ɓoye don kada Baba ya yi tuntuɓe, yanzu ta manta inda ta sa. Ta zazzage aljihun tebur biyu ba ta gani ba. Soket ɗaya ne a gidan da mutum zai iya zama kusa da shi, wanda ke gefen kujerar Baba. Ta ɗauki caja ta shiga, ta jawo ƙaramar kujera ta zauna a gefensa, kafaɗarta tana kusan taɓa gwiwarsa.

Ta ci gaba da dannawa tana gunaguni. Da yake mutum in ya rasa abokin magana ko bango sai ya yi wa bayani, sai ta fara yi wa Baba, ba don tana sa ran amsa ba.

"Ka ga mutanen nan, Baba? Ba abin da ban yi musu ba. Da a sake suke, kowa yana yawo inda ya ga dama. Ran nan dodanni suka shigo suka kashe manominsu a gabana, ina kallo. Shi ne na ce ba za a sake ba. Duba."

Ta karkato masa da allon. Aikin ya yi kyau, ba laifi a faɗa. Dogon gini ne na farin dutse, ɗakuna shida a jere, kowanne da gadonsa da fitilarsa da tagar gilashi. Ƙofofin na ƙarfe ne, irin waɗanda 'yan ƙauyen ba sa iya buɗewa, ita kaɗai ke buɗewa daga waje. Ko'ina fes, ba abin da mutum zai yi karo da shi. Duk wanda ya taɓa kwana a asibiti zai gane inda ta samo tsarin.

"Ba wanda ya sake mutuwa tun ranar. Ga gado, ga haske, ga abinci. Amma tun da na sa su a ciki, suka sayar min da abin da ke hannunsu na kwana biyu, shike nan suka rufe ciniki. Wannan mai gilashin, agogo nake so ya sayar min, ni kuma..."

Ta katse maganar, domin ta kusa tona asirin kanta. Ta buɗe ƙofar mai littattafai ta shiga, ta zagaya shi, ta fito.

"Koma."

Ta ɗauka a cikin wasan ne. Muryar ta dushe, kamar ƙofar da aka daɗe ba a buɗe ba. Ta ɗago kai a hankali. Baba ya sunkuyo, ya ƙanƙance ido ɗaya yadda yake yi in yana leƙa cikin agogo.

"Koma ɗakin," in ji shi.

Ta koma ɗakin. Gado, fitila, taga, da mutumin a tsaye a tsakiya.

"Ranar da yarinyar nan ta nuna min shi, akwai wani ɗan tebur a gabansa, da littafi a kai. Ina kika kai teburinsa?"

"Na... na cire, Baba. Duk na cire musu. Na maƙerin akwai wuta a ciki, na wancan akwai dutsen wasa wuƙa, ɗakunan kuma ƙanana ne. Suna cikin akwati, ba abin da ya same su."

"A akwati."

"Eh."

Ya yi ɗan tari, ya haɗiye yawu da ƙyar. "Mutum ya sayar da abin da ke hannunsa ya ƙare. A ina zai yi wani? A kan gado?"

Ta ruga da 'yar wasanta sito, ta buɗe akwati, ta ɗauko teburin karatun, ta dawo ta dasa shi a gefen gado. Wasu korayen taurari suka tashi a kan mai littattafai. Ya juya, ya taka zuwa teburin, ya sunkuyar da kai, aka ji ƙarar buɗe shafi. Ta taɓa shi. Babu jan gicciye ko ɗaya.

"Baba! Ya yi! Wallahi ya yi!" Ta yi dariya, dariyar farko a cikin mako, ta juyo don ta nuna masa.

Ya riga ya koma jingine, fuskarsa tana taga, hannuwansa sun koma kan cinya. Ta kalli hannuwan. Ta kalli shingen gado, da ƙasan da babu darduma, da ƙusar da ke bango inda agogo yake a da, da saman kabad. Dariyar ta ɗauke. Kunya ta rufe ta irin wadda ba ta taɓa ji ba tun da ta fara sa farin kaya.

"Ƙarfe huɗu kuka ce ko?" in ji Baba, bai juyo ba. "Ƙofar barandar nan ba ta rufuwa sosai. Saura minti ashirin. Ki ce wa direban ya riƙe aljihun hagu na sama, zamewa yake yi. Kafinta zai ji daɗin katakon."

Ta duba kusurwar allon. Uku da minti arba'in daidai. Babu agogo a ɗakin, hasken da ke bango kawai yake kallo.

Ba ta san lokacin da ta miƙe ba, cajar ta fizge daga soket. Ta kira direba, waya tana ta ƙara ba a ɗauka ba. Ta sake kira, haka. Ta fita falo, ta dawo, ta sa takalmi ƙafa ɗaya, ta kira Yaya.

"Yaya, ba ni lambar kafintan nan."

"Lafiya?"

"Teburin nan gidana za a kawo shi."

"Gidanki? Hawa na uku? Sista, ke fa kika ce hannunsa rawa yake yi, ke kika ce zaman sunkuye zai..."

"Ni na ce. Ba ni lambar."

"Ba ni da ita, direban ne ya san shi. Wai me ya faru?"

"Baba ya yi magana."

Yaya ya ce, "Sake kiran direban. Ni ma bari in gwada."

Ta sauka bene tana kira, ba ta ma san inda za ta ba. A hawa na biyu ta tuna ta bar Baba shi kaɗai, ta juya, ta hau taka huɗu, ta sake juyowa. A kira na biyar aka ɗauka, da ƙarar injin yanka katako a baya.

"Hajiya, ai na gama da wuri, tun uku na ɗauko. Muna wurin kafintan ma, ga shi har ya fara."

"Ya fara me?"

"Ya cire ƙafa ɗaya."

"Ka ce ya tsaya! Ka ce ya ajiye gudumar, yanzu, ina ji!"

Ta ji direban yana ƙwala kira, ta ji injin ya mutu, ta ji wata murya tana tambaya wai matar nan lafiyarta ƙalau kuwa. Ta zauna a kan matakala, ta ce a mayar da shi mota da ƙafar da komai, kafintan ma ya biyo su da kayan aikinsa, ta kwatanta musu gidan sau biyu duk da direban ya sani.

Minti arba'in suka yi a hanya. A cikinsu ta leƙa baranda ya fi sau goma. Ta kwance shingen gado ta jingine shi a bayan ƙofa, ta tura gadon jikin bango da ƙugunta, ta hau kujera ta sauko da ɗan akwatin daga saman kabad, ta busa ƙurar da ke kansa. Idon Baba yana bin ta duk inda ta yi.

Hawa da teburin ya zama abin kallo. Direba a ƙasa, kafinta a sama, kowa yana ba ɗan'uwansa umarni, ba mai jin na wani. A kwanar hawa na biyu ya maƙale, kafinta ya ce ai gara da ya cire ƙafar, da yanzu a nan za su kwana. A ƙofar gidan ya sake cijewa. Suna cikin gardama ko a cire ƙyaure, sai ga ƙarar ƙarfen dogarawa a ƙasa, taku ɗaya ɗaya. Baba ne a bakin ɗakinsa, ba wanda ya ɗaga shi.

"Ku kwantar da shi ta gefe," in ji shi. "Ba wannan gefen ba, malam, ɗayan. Ku zare aljihun sama tukuna. Haka na shigar da shi shago kafin a haife ku."

Suka yi yadda ya ce, tebur ya shige kamar an shafa masa mai. Kafinta ya durƙusa ya mayar da ƙafar, Baba yana tsaye a kansa yana cewa ƙusar ta karkace. Da suka tafi, ɗakin ya ƙanƙance, ga ƙura a ƙasa, ga kusurwoyi huɗu masu kaifi daidai tsayin ƙugun mutum. Sista ta gan su duka huɗun, ta haɗiye abin da ya zo bakinta.

Ya zauna. Ya shafa saman teburin da tafin hannu, ya tsaya a kan tabon ƙunar. Ya buɗe ɗan akwatin, ya ɗauko gilashinsa na ido ɗaya ya maƙala, fuskarsa ta koma wadda ta sani. Sannan ya miƙo hannu ba tare da ya dube ta ba.

"Kawo agogon ƙirjinki ɗin nan da kike zuwa aiki da shi. Tun a asibiti na ga yana baya da minti uku. Da shi kike ƙirga bugun jinin mutane?"

Ta ɗauko masa daga jikin rigar aikinta. Ya kifa shi a kan tebur, ya zaɓi sukundireba mai siririn baki. Hannun ya yi ta rawa. Bakin ƙarfen ya zagaya ƙusar, ya taɓa, ya kauce. Ya sake, ya kauce. A na uku ya zame ya soki babban yatsansa, jini ya fito ɗan ƙanƙani. Sista ta zabura, har ta juya za ta ɗauko auduga, ɗaya hannun kuma ya riga ya nufi sukundireban.

"Zauna, Uwata."

Rabon da ya kira ta da sunan nan tun kafin ya faɗi. Ta zauna a bakin gado, ta tura hannuwanta biyu ƙarƙashin cinyarta ta danne su, domin ba ta yarda da su ba. Ya goge yatsan a jikin riga, ya kafa gwiwar hannunsa a kan tebur, ya sake gwadawa. Ƙusar ta juya rabi, hannun ya sake ƙwacewa. Ya ajiye sukundireban, ya ɗaga hannun yana kallonsa ta cikin gilashi kamar wani agogon da aka kawo gyara.

"Wannan ba tsufa ba ne kaɗai," in ji shi. "Babu mai a ciki. Me kika ce kin dafa?"

Ta ɗauki kwanon ta yi kicin kusan da gudu. Tana tsaye a kan murhu tana juya shinkafar, hawaye yana zuba, ba ta ko share ba. A falo kwamfutar ta mutu a kan kujera, ba a sayi agogon zinaren ba, sauran 'yan ƙauyen biyar kuma suna nan a kulle sai an yi caji. Ta zuba abincin, ta ɗauko cokali, ta wanke fuska, ta shiga da sauri kafin ya canja ra'ayi. Ta ture ɗan akwatin gefe za ta ajiye kwanon a gabansa.

"Ke!" Tsawar ta cika ɗakin. "A kan teburin aiki? Shekara nawa ina gaya muku ba a ɗora abinci a nan? Jawo kujerar can."

"To, Baba," in ji ta. Ta jawo ƙaramar kujerar ta ɗora kwanon, ta miƙa masa cokalin a hannunsa.